Watsewar Tarayyar Sobiyet Da Zaman Da Magadanta Suka Yi

Ranar 27 ga Agusta, 1991, aka yanke Jihar Jigawa daga cikin Jihar Kano. Akawunan da suka ga wannan lokaci sun san wahalar da aka sha wajen rabon ma'aikata da motoci da takardun ofis. To, wata huɗu bayan haka aka yi wani rabo a can arewacin duniya wanda ya fi namu girma nesa ba kusa ba, watau watsewar Tarayyar Sobiyet, babbar ƙasar masu mulkin gurguzu. Muna so mu duba yadda magadanta suka zauna da juna, gama abin ya taɓa mu har cikin unguwanninmu.

An kafa wannan Tarayya a 1922. Da ta cika ta batse, jamhuriya 15 ke cikinta, mutanenta kuwa sun kusa miliyan 290. Zamansu irin zaman gandu ne. Mosko ita ce maigida, ita ke faɗin abin da kowa zai noma da abin da zai ƙera. Uzbekistan ta noma auduga, Yukren ta noma alkama ta narka ƙarfe, Rasha ta haƙo mai da gas, sa'an nan a tattara a rarraba bisa lissafin da aka tsara a ofis. Kuɗi ɗaya, soja ɗaya, hanyar jirgin ƙasa ɗaya. Iyakokin da ke tsakaninsu ba su fi iyakar lardi da lardi ƙarfi ba.

Ranar 8 ga Disamba, 1991, shugabannin Rasha da Yukren da Belarus suka taru a wani daji na Belarus, suka sa hannu cewa Tarayya ta ƙare. A madadinta suka kafa Ƙungiyar Ƙasashe Masu 'Yancin Kai. Ranar 21 ga watan, a birnin Alma-Ata, masu sa hannu suka zama 11. Ranar 25 Gorbachev ya ajiye aiki. Ƙasashe uku na bakin tekun Baltik tun farko suka ce ba su ciki.

Lalle a yaba musu a kan abu guda: manyan kayan gado an raba su ba da zub da jini ba. Rasha ta ɗauki bashin da ƙasashen waje ke bin Tarayya, ta kuma riƙe kujerarta a Majalisar Ɗinkin Duniya. Yukren da Belarus da Kazakistan suka miƙa mata makaman nukiliya da ke ƙasarsu, a 1994 kuwa aka rubuta musu alkawari a Budapest cewa ba mai taɓa iyakarsu. Filin harba kumbo na Baikonur ya faɗa cikin Kazakistan, sai Rasha ta karɓi hayarsa. Amma batun kuɗi ɗaya bai kai ko'ina ba. Kowace ƙasa ta shiga ba masana'antunta bashi da kuɗin da na kowa ne, darajarsa ta zube, kafin ƙarshen 1993 yawancinsu sun buga nasu.

Inda abin ya fi wuya shi ne ruwa, kuma nan ne ya kamata malamai su tsaya su bayyana wa yara. Koguna biyu, Sir Darya da Amu Darya, suna gangarowa daga duwatsun Kirgistan da Tajikistan, su shayar da gonakin auduga na Uzbekistan da Kazakistan da Turkmenistan. A zamanin Tarayya, mutanen tudu su kan tare ruwa a madatsai lokacin sanyi, su sake shi lokacin noma. Su kuma mutanen gangare su aika musu da gawayi da gas don su ji ɗumi. Ba ciniki ba ne, umurni ne daga Mosko. Da Mosko ta kau, masu gas suka ce a biya su farashin kasuwar duniya. Kirgistan ba ta da abin biya, sai ta riƙa sakin ruwan madatsar Toktogul da tsakiyar hunturu don ta sami wutar lantarki. Ruwa ya malale ƙasar maƙwabta sa'ad da ba a bukatarsa, lokacin noma kuma ya gaza. Sun yi yarjejeniya a 1992, sun sake wata a 1998, amma duk shekarar da ruwa ya yi ƙaranci sai takarda ta koma aljihu. Har a 2021 Kirgistan da Tajikistan suka gwabza a kan wata marabar ruwa ta bakin iyaka, mutum fiye da 50 suka mutu, alhali kuwa dukansu suna zaune a ƙungiya ɗaya. Sai a 2025 suka daidaita iyakarsu, su da kansu.

Wannan labari ba baƙo ba ne a kunnen mutumin Kano. Madatsar Tiga da aka gama a 1974 da ta Challawa da aka gama a 1992 suna cikin Jihar Kano, amma ruwansu ya bi ta Haɗeja da Nguru da Gashuwa. Manoma da masunta na can sun daɗe suna kukan cewa ambaliyar da suka saba ta sake hali, ciyawar kachalla kuma ta toshe hanyoyin ruwa. Bambancin shi ne mu muna da na sama. Akwai Gwamnatin Tarayya, akwai Hukumar Kogin Haɗeja da Jama'are, kuma a 2006 gwamnonin jihohin da abin ya shafa sun taru a Damaturu suka kafa asusu. Ko ba a gamsu da aikinsu ba, akwai ƙofar da za a kai ƙara. Magadan Sobiyet ba su da wannan. Ƙungiyarsu, mai ofis a Minsk, ba ta da ikon tilasta wa kowa, kuma babban wa, watau Rasha, shi ne alƙali, shi ne kuma abokin shari'a. A ganinmu wannan shi ya karya ta. Jojiya ta fita a 2009 bayan yaƙinta da Rasha. A 2014 Rasha ta ƙwace Kirimiya, alkawarin Budapest ya zama tatsuniya, a 2018 Yukren ta janye wakilanta. Abin da ya ɗan yi ƙarko shi ne kasuwar bai ɗaya da ƙasashe biyar suka shiga a 2015, da kuma zirga-zirgar 'yan ci-rani daga Tajikistan da Uzbekistan zuwa Mosko, don ciki ba ya jiran sulhu.

To, me ya haɗa mai karatu da ke Darmanawa da wannan duka? Da fari, ƙarfe. Kamfanin Sobiyet ne aka ba aikin gina masana'antar ƙarfe ta Ajaokuta a 1979. Aikin ya tsaya a 1994 yana dab da ƙarewa, kuma ko da yake laifin rashin biya namu ne, ƙasar da aka ƙulla alkawari da ita ma ta riga ta ɓace. Na biyu, ilmi. Tun daga shekarun 1960 'ya'yanmu ke zuwa Mosko da Kiyef da Harkof koyon likitanci da aikin injiniya, hanyar kuma ba ta rufe ba bayan watsewa, sai da yaƙi ya tashi ranar 24 ga Fabrairu, 2022, ɗalibanmu da ke Yukren suka gudu zuwa iyakar Folan da Hangari da Romaniya.

Na uku, abinci. Rasha da Yukren suna cikin manyan masu sayar wa duniya alkama, Rasha da Belarus kuma cikin manyan masu sayar da sinadarin takin zamani. Alkamar da muke nomawa a Kadawa ba ta kusa isarmu ba. Saboda haka a 2022 mai shayi a Gyadi-Gyadi ya ga burodi ya ƙanƙance kuɗinsa ya hau, mai sayen fulawa a kasuwar Tarauni ya ji a aljihunsa, manomi kuma ya sha tsadar taki da damina. Faɗuwar Naira da tsadar man dizal suna da nasu rabo a ciki. Da aka zo neman hanyar da jiragen hatsi za su fita daga tashar Odesa, ba ƙungiyar Minsk aka nema ba. Turkiyya da Majalisar Ɗinkin Duniya ne suka shiga tsakani a watan Yuli, 2022, kowane ɓangare ya sa hannu a takardarsa dabam. Shekara guda aka yi ana lodi, a Yuli 2023 Rasha ta janye.