TAKARDAR BASHI TA ZO: KWANA 10 GARE KA

Ƴan'uwa manoma da makiyaya, a bara wani ɗalibina a ajin yaƙi da jahilci ya kawo mini wata takarda. Ya ce wata guda ke nan tana cikin tukunyar ajiyarsa. Da muka karanta, sai muka ga umurni ne daga gidan shari'a: ya biya wani ɗan kasuwa kuɗin taki jika 90. Shi kuwa ya rantse ya riga ya biya rabi da buhunan wake. Amma lokacin magana ya wuce.

Ga yadda abin yake. Nijar tana cikin ƙungiyar OHADA, ta ƙasashe 17 masu dokar kasuwanci guda. Dokar karɓar bashi ta fito a 1998, aka sake ta a 2023. Mai bin bashi yana iya zuwa wurin alƙali shi kaɗai da takardunsa. In bashin na yarjejeniya ne, an san adadinsa, kuma lokacin biya ya yi, alƙali zai sa hannu ba tare da ya ji ta bakinka ba. Daga nan ma'aikacin shari'a mai kai takardu, wanda ake ce ma wisiye, zai kawo maka ita har gida.

To, ba a rufe maka baki ba. Doka ta ba ka damar ka ce ba ka yarda ba. A da kwana 15 ne. Tun 2024 kwana 10 ne kawai, daga ranar da aka ba ka takardar. Kuka wurin mai gari ba ya tsai da wannan ƙidaya, haka ma faɗa da mai bashi a kasuwa. Sai ka je wurin wisiye ya rubuta ƙin yardarka, ya kai ma abokin shari'arka da magatakardan kotu.

In ka yi haka cikin lokaci, za a fara neman sulhu tsakaninku. In sulhu ya ƙi, a yi shari'a, kuma mai cewa yana bin ka shi zai kawo hujja. Nan ne rasit yake da amfani. Ɗalibin nan nawa da ya sa an rubuta masa buhunan wakensa, da ya samu abin nunawa. Ko bashin gaskiya ne, alƙali yana iya ba ka jinkirin da bai wuce shekara guda ba, ka ga kaka tana iya riskar ka.

In ka yi shiru, takardar ta zama hukunci, ana iya kama dukiyarka.

Masu kai dabbobi Katsina ko Kano, ku lura, can da bambanci. Kotunan Najeriya suna da jerin ƙararrakin bashi da ake ganin ba su da musu. Wanda aka kai ƙara sai ya rubuta rantsuwa, ya bayyana dalilinsa. Alƙali ya duba, in ya ga akwai abin saurare, sannan ya ba shi izinin kare kansa. Cewa kawai "ba ya bi na" ba ya isa.

Duk takardar da ta zo da hatimi, ku rubuta ranar da kuka karɓe ta a bayanta, ku kawo aji mu karanta tare a daren nan.