Tudu, Fadama da Mashigi: Yadda Ake Zana Filin Daga a Wasannin Kwamfuta

Duk wanda ya taɓa zirga-zirga tsakanin ƙauyukan Tambuwal da na Kebbe a watan Agusta ya san cewa ba kullum miƙaƙƙiyar hanya ce mafi sauri ba. Fadamar da ake ratsawa cikin 'yan mintoci da rani, da damina sai an yi mata zagaye. Idan kuwa rafi ya kawo, to mai babur da mai jaki da makiyayi duk a mashigi ɗaya za su haɗu. Wannan sani na yanayin ƙasa shi ne ginshiƙin aikin masu zana taswirar wasannin dabarun yaƙi na kwamfuta.

A irin waɗannan wasanni, mai wasa yakan kafa sansani, ya tara dukiya, ya horar da dakaru, sa'an nan ya far wa abokin karawarsa. Bambancinsu da dara shi ne ba a yin su bi da bi. Kowa na motsi a lokaci guda. Wasan da ya aza musu harsashi shi ne Dune II, wanda kamfanin Westwood na Amurka ya fitar a 1992. A cikinsa ba a yin gini sai a kan dutse, alhali dukiyar da ake nema tana can cikin rairayi, inda wata ƙatuwar tsutsa take haɗiye motoci. Wato ƙasar da kanta ke tilasta wa mutum barin tudun mun tsira, domin wanda ya ƙi fita talauci zai kashe shi. Warcraft na 1994 da Command & Conquer na 1995 sun bi wannan sawu.

Kwamfuta dai ba ta ganin tudu ko kwari. Abin da take gani shi ne fili da aka yanka gida-gida, kamar gurabun dara, kowane gida da bayaninsa: ana iya takawa ko ba a iyawa, ana gini ko ba a yi. Idan aka umarci soja ya tafi wani wuri, sai ta lissafa masa hanya. Shahararriyar dabarar wannan lissafi ana kiran ta A*, wadda Peter Hart da Nils Nilsson da Bertram Raphael suka bayyana a 1968. A kowane mataki tana haɗa abu biyu: wahalar da aka riga aka sha, da ƙiyasin wadda ta rage, sai ta fara gwada gidan da jimillarsa ta fi ƙanƙanta. Alal misali, a ce taka fako maki 1 ne, taka taɓo kuwa maki 5. Ratsa gida 4 na fadama zai ci maki 20, zagaye ta gida 12 na fako kuwa maki 12 kacal. Sai sojan ya zaɓi zagaye, kamar dai mai babur ɗin nan.

Babban makamin mai zana taswira shi ne mashigi. Idan mayaƙa 60 suka tunkari wata ƙofa da mutum 5 kaɗai ke iya wucewa a jere, to 5 ɗin ne ke yaƙi, sauran 55 'yan kallo ne, yayin da masu tsaro suka yi musu zobe kowa na harbi. Saboda haka faɗin ƙofar sansani shi ke yanke irin wasan da za a yi. A Age of Empires II na 1999, taswirar Arabia buɗaɗɗen fili ce, hari na iya zuwa ta ko'ina tun da wuri. Black Forest kuwa kurmi ce mai 'yan hanyoyi, sai kowa ya gina ganuwa ya zauna tara dukiya. Dakarun ba su canza ba, amma wasan ya zama wani daban.

Tudu ma da lissafinsa. A wannan wasa, wanda ya kai hari daga sama yakan sami ƙarin kashi 25 cikin 100 na ɓarna. A StarCraft na 1998 abin ya fi tsanani: na ƙasa ba ya ganin na sama, kuma kusan rabin harbinsa kuskure yake yi. Da wasan ya zama sana'a a Koriya ta Kudu, aka ga cewa ɗan bambanci a wurin farawa na iya yanke hukunci, don haka aka riƙa zana taswirorin gasa kowane ɓangare daidai da ɗan'uwansa. Wannan adalci ne, amma babu ƙasar Allah da aka halitta haka.

Tarihin wannan yanki shaida ne. A Tabkin Kwatto, cikin 1804, Gobirawa sun fi jama'ar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo dawaki nesa ba kusa ba, amma 'yan baka suka tsaya wuri ɗaya suka karya su. A 1805, bayan mummunar asarar da jama'ar ta yi a Alwasa, sai ta ja da baya zuwa Gwandu, maƙwabciyar Tambuwal, inda ƙasa mai duwatsu ta hana dawaki da raƙuman maharan sakewa. Kabawa su ma sun ci moriyar ƙasarsu: fadamun gulbin Kabi na cikin abin da ya kare Argungu tun daga tawayen Yakubu Nabame na 1849 har zuwan Turawa. Ita kanta Tambuwal, wadda aka danƙa wa Muhammadu Buhari ɗan Shehu, tana cikin garuruwan ribaɗi masu tsaron wannan iyaka.

Malami na iya kawo darasin cikin aji ba tare da kwamfuta ba. A zana gida 10 sau 10 a allo, a sa makaranta a wata kusurwa, kasuwa a wata, fadama a tsakiya. A ba fadamar maki 2, ɗalibai su nemo hanya mafi sauƙi. Sa'an nan a mai da ita maki 8 su sake nema. Za su ga hanyar ta kauce baki ɗaya, alhali ba a gusar da ko gida ɗaya ba. A nan ne ma allon ya fi waɗancan wasanni, domin taswirarsu ba ta san damina ba: kogin da ke tare hanya a farkon wasa haka yake har ƙarshe. Mayaƙan ƙarni na 19 kuwa galibi sukan jira kaka ta wuce, ruwa ya janye, dakaru su gama girbi, kafin a buga tambarin fita.