Jiran Jirgi Ba Ɗauri Ba Ne: Raddi Ga Masu Hana Matafiyi Leƙa Gari

Akwai wata nasiha da ta zama ruwan dare tsakanin matafiyanmu, musamman masu bi ta Istanbul ko Doha ko Adis Ababa kafin su kama jirgi na biyu. Duk wanda zai yi tafiyarsa ta farko sai an ja masa kunne da ita: "In ka sauka, nemi ƙofar jirginka ka zauna. Ko awa goma za ka yi, kada ka kuskura ka leƙa waje." Idan ya ce ai ya ji kamfanin jirgin na kai fasinjoji zagayen gari da ɗan jagora, sai a tare shi da ɗayan uku. Ko a ce ganganci ne, jirgi zai tashi ya bar shi. Ko a ce ai babu abin kyauta a duniyar nan, da walakin goro a miya. Ko kuma a ce wane gari mutum zai gani cikin awa uku ta tagar mota.

Masu wannan magana ba su yi ta don mugunta ba. Galibinsu dattawan tafiya ne, alhazai da 'yan kasuwa da suka ga wanda ya makara da idonsu, ya ɗauki jarin da ya tanada don sarin kaya ya sayi sabon tikiti. Tsoronsu kulawa ce, kuma ya cancanci a saurare shi. Sai dai ina ganin, da dukkan girmamawa, sun haɗa abubuwa biyu da ba ɗaya ba. Fitar mutum shi kaɗai cikin garin da bai san gabas da yammansa ba daban, shiga rangadin da kamfanin jirgi ko hukumar filin jirgi ta tsara daban. Hukuncin na farko bai hau kan na biyu ba.

Mu fara da babban abin tsoron, wato makara. Kamfanin Turkish Airlines, wanda ke ɗibar fasinjoji daga Abuja da Legas da Yamai da Akra, yana da shiri mai suna Touristanbul. Fasinjan da ya fito daga wata ƙasa zai wuce wata ƙasar, kuma jiransa a Istanbul ya kama daga awa 6 zuwa awa 24, yana iya rubuta sunansa a teburin shirin. Mota da ɗan jagora duk kyauta ne, kuma akan haɗa da abinci. Akwai rangadin safe, akwai na rana, akwai na yamma, kowanne da lokacin fitarsa da na dawowarsa, ana kuma duba lokacin tashin jirgin mutum kafin a sa shi a wanda ya dace da shi. A filin jirgin Changi na Singafo ma haka abin yake. Tun 1987 suke irin wannan zagaye na kyauta. Annobar korona ta dakatar da shi, aka dawo da shi a 2023. Tsawonsa awa biyu da rabi ne, amma ba a karɓar wanda jiransa bai kai awa biyar da rabi ba.

A lura da wannan tazara. Zagayen awa biyu da rabi, sharaɗin awa biyar da rabi. Awa ukun da ke tsakani ba ado ba ne. Lissafi ne na layin jami'an shige da fice, da cunkoson hanya, da binciken tsaro a dawowa. Wato ainihin abin da dattawanmu ke tsoro shi aka fara cirewa kafin a tsara tafiyar. Wanda ya fita shi kaɗai a Istanbul zai iya mantawa cewa sabon filin jirgin, wanda aka buɗe a 2018, yana da nisan kilomita arba'in da wani abu daga tsohon birni, kuma cunkoson yamma a garin ba ya jin lallashi. Direban da ke bin wannan hanya kullum ba zai manta ba. Da ɗan gari akan ci gari, kuma shi ne aikin ɗan jagora.

To, me ya sa kamfani zai ɗora wa kansa wannan ɗawainiya? Nan ne masu cewa babu abin kyauta suka yi gaskiya, amma suka tsaya a rabinta. Lalle akwai riba, sai dai ba daga aljihun fasinja ake zare ta a ɓoye ba. Kamfanoni irin su Turkish da Qatar da Ethiopian sun gina kasuwancinsu kan tara mutane daga ko'ina zuwa gari guda, sannan su rarraba su zuwa inda suka nufa. Raunin wannan tsari shi ne dogon jira. Duk wanda aka ajiye wa tikiti biyu, ɗaya mai jiran awa biyu, ɗaya mai jiran awa tara, na farkon zai ɗauka. Don kujerun jirgin mai dogon jira su cika, dole a sa wa jiran wani abin marmari. Ita kuma hukumar yawon buɗe ido ta ƙasar tana fatan wanda ya ɗanɗana yau ya dawo gobe da iyalinsa ya kwana bakwai a otal. Kamfanin Icelandair ya daɗe da gane wannan dabara. Tun shekarun 1960 magabacinsa ke kwaɗaita wa masu tsallaka Tekun Atlantika su yada zango a Aisland. Idan kuwa haka ne, babu wanda ya fi kamfanin asara idan motarsa ta makara da fasinjojinsa, domin sunansa ne zai ɓaci. Maslaharsa da ta matafiyi sun haɗu a wuri guda: a dawo kan lokaci.

Sai magana ta uku, wadda ta fi sauran nauyi: wai awa uku ko biyar ba sa isa a san gari. Gaskiya ne, ba sa isa. Amma wa ya ce zaɓin tsakanin sanin gari ne da rashin saninsa? Zaɓin da ke gaban mai jira shi ne ya ga wani abu, ko ya zauna kan kujerar ƙarfe yana kallon allon jadawalin jirage, yana sayen ruwan gora da kuɗin da zai ciyar da shi yini guda a gida. Da a ce baƙo zai yada zango a Kano na awa takwas, wani ɗan gari ya kai shi marinar Ƙofar Mata, ya ratsa da shi Kasuwar Kurmi, ya shigar da shi Gidan Makama, ba za mu ce ya san Kano ba. Amma ba wanda zai daidaita shi da wanda ya ƙare awa takwas ɗin a ɗakin jira na filin jirgin Malam Aminu Kano.

Kuma wasu biranen sun tattara tarihinsu a wuri guda, ta yadda ɗan lokaci kan yi albarka. Dandalin Sultanahmet a Istanbul misali ne. Mutum na tsaye a tsakiyarsa, a gefe guda ga Aya Sofiya, wadda aka kammala a shekarar 537 a zamanin Sarki Justiniyan a matsayin majami'a, ta koma masallaci bayan Sultan Muhammad al-Fatih ya ci birnin a 1453, aka mayar da ita gidan tarihi a shekarun 1930, sannan aka sake buɗe ta don salla a 2020. A ɗaya gefen ga masallacin Sultan Ahmad mai hasumiya shida, wanda aka fara ginawa a 1609. Taku kaɗan daga nan ga fadar Topkapi, inda sarakunan Usmaniyya suka zauna ɗaruruwan shekaru, inda kuma ake adana kayan da ake dangantawa da Manzon Allah (SAW) da sahabbansa, waɗanda aka fara kawowa bayan Sultan Salim ya ci Masar a 1517. Idan rangadin ya bi ta unguwar Eyub, can ne makwancin sahabi Abu Ayyub al-Ansari. Ɗalibin da ya karanta labarin daular Usmaniyya a littafi, ya zo ya yi raka'a biyu ƙarƙashin ƙubbar Aya Sofiya, ba zai sake karanta shi kamar da ba. Gani ya kori ji.

Haka abin yake a wasu zangunan. Daga filin jirgin Hamad na Doha zuwa kasuwar Souq Waqif da Gidan Tarihin Fasahar Musulunci, wanda aka buɗe a 2008, tafiyar ba ta kai rabin awa ba in hanya ta yi kyau, ko da yake rangadin can na kuɗi ne. A Adis Ababa kuwa filin jirgin Bole a cikin gari yake, kuma kamfanin Ethiopian kan ba mai jiran awa 8 zuwa 24 masauki a otal idan ya cika sharuɗɗa. A garin ne hedikwatar Tarayyar Afirka take, ga babbar kasuwar Merkato da masallacin Anwar a cikinta, ga Gidan Tarihi na Ƙasa. Ita kanta Saudiyya tun farkon 2023 ta fito da bizar yada zango ta awa 96 ga fasinjojin Saudia da flynas, wadda ta ba wanda ya cancanta damar yin umara kafin ya wuce. Ban ga dattijon da zai ce wa mai irin wannan dama ya zauna a Jidda ya jira jirginsa ba. Ashe ke nan fitar ba ita ce aibu ba. Abin dubawa shi ne tsari da lokaci.

Wani zai ce ai ɗan jagora abin da aka ce ya nuna kawai yake nunawa, fuskar da mahukunta ke son baƙo ya gani. Wannan ma akwai ƙanshin gaskiya a ciki. Ba za a kai ka unguwar talakawa ba, kuma wasu masu rangadin kuɗi kan biya da mutane shagon darduma ko na turare inda suke da kamasho. Amma mai ido ba abin da aka nuna masa kaɗai yake gani ba. Tsakanin filin jirgi da tsakiyar gari akwai darasi: yadda aka shimfiɗa hanyoyi, yadda jirgin ƙasa na cikin gari ke ɗibar ma'aikata, yadda ake kwashe shara, yadda mai shago ke jera hajarsa. Ɗan kasuwar Kantin Kwari da ya ratsa tsohuwar kasuwar Istanbul mai rufi, mai shaguna kusan 4,000, ko ya hango unguwar Laleli inda 'yan Afirka ke sarin tufafi, zai dawo da tambayoyin da ba zai taɓa samu a ɗakin jira ba. Kakanninmu fatake masu zuwa Gwanja sayen goro, da alhazan ƙafa da suka ratsa Wadai da Darfur, a wuraren da suka sauka hutawa suka koyi harsuna, suka san farashi, suka ƙulla amana. Ba su ɗauki tsayawa a hanya ɓata lokaci ba.

Duk da haka, adalci ya sa a faɗi inda nasihar dattawa take daram. Na ɗaya, biza. Rangadin kyauta ba ya ɗauke wa kowa dokar shiga ƙasa. Mai fasfon Najeriya na bukatar biza kafin ya taka cikin Turkiyya ko Singafo, alhali mai fasfon Gana na shiga Singafo ba tare da ita ba. Dokokin nan kuma suna sauyawa, don haka tun a gida ake bincika su, ba a gaban jami'in shige da fice ba. Na biyu, wanda jiransa bai kai awa shida ba ya haƙura. Na uku, wanda ya yanki tikiti biyu daga kamfanoni daban-daban, wanda sai ya karɓi kayansa ya sake kai su awo, lissafinsa daban ne, domin in ya makara babu mai ɗaukar nauyinsa. Na huɗu, marar lafiya, da tsoho mai ciwon ƙafa, da uwa mai goyo da ta kwana ba barci, hutu ya fi musu. Na biyar, duk wanda ya tare ka a bakin ƙofa yana cewa zai zagaya da kai da rahusa, ba da shi nake ba. Tebur na hukuma ake nema, mai tambarin kamfani ko na filin jirgi. Wanda kuma ya shiga rangadin, ya riƙe fasfo da takardar shiga jirgi a jikinsa, ya daidaita agogonsa da na garin, kada kuma ya ware daga ayari don ciniki.

Idan aka duba waɗannan sharuɗɗa da kyau, za a ga babu ko ɗaya da ya ce fita ganin gari kuskure ne. Cewa suke a san wanda ya dace ya fita, da lokacin da ya dace. A gaskiya abin da ya fi tsare mutanenmu a ɗakin jira shi ne takarda, ba haɗari ba, kuma ya kamata mu kira abin da sunansa maimakon mu lulluɓe shi da tsoratarwa. Wanda aka gaya wa cewa biza ce matsalar zai iya nemanta tun da wuri, ko ya zaɓi hanyar da fasfonsa ke da daraja a cikinta. Wanda aka ce wa fitar ce haɗari, shi kuwa ko tambaya ba zai yi ba.

Saboda haka shawarar a wurin yankan tikiti ake yanke ta. Kafin mutum ya biya, ya tambayi ejan ɗinsa abu uku: awa nawa zan jira, kamfanin yana da rangadi ko masauki ga masu jira, kuma wace takarda nake bukata in fita? Idan amsoshin suka yi daidai, tikitin mai dogon jira, wanda sau da yawa shi ne mai rahusa, zai iya zama mafi riba a cikin biyun. Idan ba su yi daidai ba, sai ya zauna da saninsa, ya yi sallarsa, ya huta, ya bar wa wata tafiyar.