Karayar Hannun Yara A Ƙasar Katagum: Amfanin Lambar Da Ake Rubutawa A Katin Asibiti

Da zarar mangwaro ya fara nuna a ƙasar Katagum, masu ɗori kan shiga aiki gadan-gadan. Daga Itas zuwa Gadau har Azare, yaro kan faɗo daga bishiya, ko daga kan jaki, ko kuwa a kayar da shi wajen langa, ya dafa ƙasa da tafin hannu don ya kare fuskarsa. Nauyin jikinsa duka sai ya sauka a tsintsiyar hannu. Iyaye su ce targaɗe ne, a shafa man zafi, a ɗaure da tsumma. Sau da yawa kuwa karaya ce, kuma a wurin da girman hannun yaron ya dogara a kai.

Matsirar ƙashi

Ƙasusuwa biyu ne a sangalin hannu, watau tsakanin gwiwar hannu da tsintsiya: ɗaya ta gefen babban yatsa, ɗaya ta gefen ƙaramin yatsa. Kusa da ƙarshen kowannensu akwai wani faifan guringuntsi mai taushi, wanda daga nan ne ƙashin yaro ke ƙara tsawo. Bari mu kira shi matsirar ƙashi. Kimanin kashi uku cikin huɗu na tsawon da ƙashin gefen babban yatsa ke ƙarawa, daga matsirar da ke kusa da tsintsiya yake fitowa. Ba ta rufewa ta zama ƙashi sosai sai yaro ya kai wajen shekara 16 zuwa 18, 'yan mata kuwa sukan riga maza.

A cikin 1963 waɗansu likitoci biyu na birnin Toronto a ƙasar Kanada, Robert Salter da Robert Harris, suka kasa karayar matsira gida biyar. Na farko, tsagar ta bi ta cikin matsirar kaɗai. Na biyu, ta bi ta cikinta sa'an nan ta ɓalle ta gefen sandar ƙashin, kuma wannan shi ya fi yawa. Na uku, ta gangara cikin gaɓa. Na huɗu, ta ratsa sanda da matsira da gaɓa gaba ɗaya. Na biyar, matsirar ta murƙushe. Na uku zuwa na biyar su ne suka fi jawo tsayawar girma.

Irin wannan karaya tana saurin ɗinkewa. In an daidaita ta da wuri aka sa siminti, mako huɗu zuwa shida ya isa. Saboda haka in lokacin ya wuce, hoton ƙashi bai nuna ta kama ba, to, akwai dalili. Watakila ɗaurin ya saki ƙashin yana motsi, ko rauni ya kama ruwa, ko abinci mai gina jiki ya yi wa yaron ƙaranci, ko kuwa an yi ta jan hannun ana sake gyara. Likitocin ƙashi suna gargaɗin cewa bayan kwana 7 zuwa 10, sake jan karayar matsira da ƙarfi yana iya lalata ta.

Ina lambar ta fito?

Tun 1893 wani Bafaranshe mai suna Jacques Bertillon ya tsara jerin abubuwan da ke jawo mutuwa, don ƙasashe su riƙa ƙidaya da ma'auni ɗaya. A 1948 Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi aikin, aka haɗa da cututtuka da raunuka. An amince da bugu na goma, wanda ake kira ICD-10, a 1990, na goma sha ɗaya kuma ya fara aiki ranar 1 ga Janairu, 2022.

A bugu na goma, karayar ƙarshen ƙashin gefen babban yatsa lambarta S52.5. Jinkirin ɗinkewa M84.2, ɗinkewa a karkace M84.0, ƙin ɗinkewa sam M84.1, tsayawar matsira kuwa M89.1. Mai karatu zai lura S52.5 ba ta faɗi ko matsira aka taɓa ba, ba ta kuma faɗi dama ko hagu ba.

Amurka ta faɗaɗa littafin, ta soma aiki da nata ranar 1 ga Oktoba, 2015. Ɗauki S59.221G. S59.2 na nufin karayar matsirar ƙarshen wannan ƙashi. Lamba 2 da ta biyo baya ta ce gida na biyu ne a rabon Salter da Harris. Lamba 1 ta ce hannun dama. Harafin G kuwa ya ce yaron dawowa ya yi, kuma ƙashin ya yi jinkirin ɗinkewa. Da a zuwan farko ne da A za a rubuta. D ga wanda ke warkewa lafiya, K ga wanda ya ƙi kamawa, P ga wanda ya kama a karkace, S kuwa ga lahanin da ya rage daga baya. Watau haruffa da lambobi bakwai sun ɗauke bayanin shafi guda.

Me ya shafi mutumin Itas?

Yaron da ya karye a ƙauyen Itas yana iya ratsa hannuwa huɗu kafin ya warke: mai ɗori, ma'aikacin asibitin garinsu, likitan asibitin Gwamnatin Tarayya da ke Azare, in abin ya yi tsanani kuma Asibitin Ƙashi na Dala a Kano, wanda aka buɗe a 1959. Ba lalle wanda ya gan shi ran farko ya sake ganinsa ba. Abin da ke bin sa daga wannan hannu zuwa wancan shi ne abin da aka rubuta. In katin bai ce komai ba sai “karayar hannu”, likita na gaba sai dai ya yi kirdado.

Haɗarin kuwa ba ya bayyana nan take. Karaya tana iya ɗinkewa, zafi ya tafi, yaro ya koma ƙwallo, alhali kuwa matsirar ta daina aiki. Bayan shekara ɗaya ko biyu sai a ga ƙashi ɗaya ya tsaya, ɗan'uwansa yana ta tsawo, hannu ya karkata, tsintsiya tana ciwo, riƙon fartanya ko alƙalami ya zama wahala. A ƙashin gefen babban yatsa yara kaɗan ne cikin ɗari wannan ke samu, amma a na gefen ƙaramin yatsa yana iya kaiwa kusan rabi. Shi ya sa likitoci ke so a dawo da yaro a sake hoto bayan wata 6 zuwa 12, ko da ya ce ba abin da ke damunsa. In an gane da wuri ana iya gyarawa da tiyata. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Har wa yau, da waɗannan lambobi ne hukuma ke ƙidaya. Ciwon da ba a rubuta daidai ba, ba ya fitowa a lissafi, abin da bai fito a lissafi ba kuwa da wuya a ware masa kuɗin na'urar hoto ko a turo masa likita. A 2022 an sa hannu a dokar da ta wajabta inshorar lafiya a Nijeriya, ita kuwa inshora a kan rubutaccen sunan ciwo take biya.

Abin yi

Nauyin farko a kan likita yake, domin ma'aikacin ɗakin kati ba ya sa lamba sai ga abin da ya gani a rubuce. Ya kamata a faɗi wane hannu, wane ƙashi, wane gida cikin biyar ɗin, da yadda ɗinkewa ke tafiya a kowane zuwa. Su kuma ma'aikatan kati, waɗanda Dokar Soja ta 39 ta 1989 ta kafa wa hukumar rajista, sun cancanci a riƙa ba su horo da kayan aiki, a daina ɗaukar su masu jera fayil kawai.

Masu ɗori mutanenmu ne, gadon iyaye da kakanni suke yi, jama'a kuma sun amince da su. Roƙonmu gare su shi ne, in yaro ne, ciwon kuma kusa da gaɓa, su tura a yi hoto tukuna. Iyaye kuwa, in yatsu suka kumbura, suka yi sanyi ko suka sauya launi, ko yaro ya kasa motsa su don azaba, a kwance ɗaurin nan take a nufi asibiti, ko da tsakar dare ne. A adana kati da hoton ƙashi kamar yadda ake adana takardar gona, a tafi da su duk asibitin da za a je, a kuma tambayi likita ranar dawowa.

Allah ya raya mana zuriya, ya kiyashe su da tsautsayi.