Ko Ka Sani? Ɗan Akwatin da Ke Ƙarƙashin Bindiga

Ko ka san cewa a jikin bindigar soja, ɗaya daga cikin sassan da suka fi araha shi ne kuma kan gaba wajen sa ta cijewa? Gidan harsashi ke nan, ɗan akwatin nan mai lanƙwasa da ake maƙalawa a ƙarƙashinta, wanda masu kaki ke kira magazin. Duk mai bin hanyar Kano zuwa Katsina ta Bichi da Tsanyawa yana ganinsa a shingayen bincike, amma ido kan tafi ga bakin bindigar ne, ba a cika kula da akwatin ba. Alhali ran wanda ke riƙe da ita yana rataye da shi.

Idan aka buɗe shi ba wani abin a-zo-a-gani a ciki. Akwai jikin akwatin, akwai sifirin, akwai ɗan faranti da sifirin ke turawa sama, sannan akwai leɓɓa biyu a baki da ke riƙe harsashin sama don kada ya fice kafin lokacinsa. Shi ke nan. Wahalar tana wajen sauri. AK-47 tana iya fitar da harsashi kusan 600 a minti ɗaya, wato goma a kowace daƙiƙa. Kafin ƙiftawar ido dole sifirin ya ɗago sabon harsashi, ya tsayar da shi daidai inda ƙarfen bindigar zai kwashe shi ya tura cikin bututu. Leɓe ya ɗan lotsa, ko faranti ya karkace, ko sifirin ya yi sanyi, sai harsashi ya tokare, ko biyu su taso tare su toshe hanya. Kamar injin niƙa ne: komai ƙarfinsa, idan hatsi bai sauko daga mazubi ba, ƙara kawai za ka ji, babu gari.

Maharbin ƙauye bai san wannan matsala ba, don bindigar toka ba ta da gida. Ta baki ake ɗura mata albarushi, a danna da sanda, a zuba ƙarafa, a sake dannawa. Harbi ɗaya, sai a koma ɗuri. Haka 'yan bindigar sarki ke yi a hawan sallah har yau, shi ya sa ake jin ƙarar tana zuwa da tazara. A 1879 ne wani maƙerin bindiga haifaffen Sikotlan mai suna James Paris Lee ya yi rajistar akwatin harsashi da ake cirewa a mayar. Sojan Ingila suka karɓi tsarinsa a 1888, daga nan aka samu Lee-Enfield mai cin harsashi goma. Jikarta ce mak-fo ɗin da dattawa ke tunawa a kafaɗar 'yan sandan Nijeriya shekaru da dama.

Tun daga lokacin, masu ƙira ke ta fama da abu uku da ba sa zama lafiya da juna: yawan abin da gidan zai ɗauka, kuɗin yinsa, da amincinsa ranar da aka buƙace shi.

Mu fara da yawa, tunda shi ke ruɗar mutane. A Yaƙin Duniya na Biyu, Rasha ta fito da bindigar PPSh-41 da wani gida mai siffar ganga da ke cin harsashi 71. A takarda abin burgewa ne. A fagen fama kuwa, gangar tana da nauyi, cika ta na cin lokaci, ƙera ta na da tsada, kuma sau da yawa gangar wata bindiga ba ta zauna daidai a jikin wata. Tun yaƙin bai ƙare ba suka koma ga gida mai lanƙwasa na harsashi 35. Sojan Ingila ma da aka ba su Sten mai cin 32 sukan rage biyu zuwa huɗu don kada ta cije, kamar yadda sojan Amurka a Biyetnam suka riƙa zuba 18 a gidan M16 da aka yi don 20. Mutanen da ransu ke cikin haɗari sun gwammace su rage harsashi da hannunsu. Ni a ganina wannan hujja ta fi duk wani talla ƙarfi. Ga kuma batun kaya: gidan AK guda ɗaya na ƙarfe, cike da harsashi 30, ya haura giram 800. Wanda ke sintiri a ƙasa da huɗu ko biyar a ƙirji cikin zafin bazara ya san bambancin.

(Lanƙwasar gidan AK, af, ba ado ba ce. Kwanson harsashinta ya fi kauri a gindi, yana tsukewa zuwa gaba. Ka jera talatin irinsa ɗaya kan ɗaya, da kansu za su yi baka.)

Batun kuɗi ya fi ban tausayi, domin nan ne aka fi asarar rayuka ba dalili. Faransa ta yi wata bindiga mai suna Chauchat a 1915, aka ƙera ta da gaggawa da araha. Gidan harsashinta na siririn ƙarfe ne, kuma an bar tagogi a gefe guda don a riƙa ganin abin da ya rage. A ramukan yaƙi masu taɓo, laka ta riƙa shiga ta tagogin, kuma akasarin cijewar bindigar daga nan take. Mikhail Kalashnikov da abokan aikinsa, masu ƙirar AK, sun bi akasin wannan hanya. Gidan AK na farko da sojan Tarayyar Sobiyat suka karɓa a 1949 ƙarfe ne mai kauri, da leɓɓa masu gwaɓi da ba sa lotsawa da wasa, nauyinsa ba harsashi ya wuce giram 400. Daga baya sun gwada na alminiyom don rage nauyi, suka ga yana saurin lalacewa, suka bar shi suka koma na roba mai tauri. Sunan da AK ta yi na rashin cijewa, kaso mai yawa na wannan akwati ne. Shi ya sa idan aka maƙala mata jabun gida na gwangwani, sunan ba ya cetonta.

Akwai darasin da ya fi kusa da mu. Bayan 2003, sojan Amurka a Iraƙi sun yi ta kukan cewa ƙaramar bindigarsu M9 tana cijewa. Da aka bincika sai aka tarar da wasu gidajen harsashi da aka saya ta kwangila an yi musu wani shafe mai kaushi don maganin tsatsa, shi kuwa kaushin nan yana kama rairayi ya riƙe. Abin da aka yi don ƙasa mai laima ya zama cuta a hamada. Wanda ya san ƙurar hunturu a arewacin Kano, wadda ke shiga ɗaki ko an rufe ƙofa da taga, ba ya buƙatar dogon bayani. Kayan da ya ci jarrabawa a wata ƙasa, sai an sake gwada shi a tamu.

Kada a ɗauka duk abin da ba kamfanin asali ya yi ba shara ne. A 2007 wani kamfanin Amurka mai suna Magpul ya fito da gidan roba da ya kira PMAG, ba tsada. Sojoji suka riƙa saye da kuɗin aljihunsu don ya fi wanda gwamnati ta ba su, har a ƙarshen 2016 rundunar Marin ta Amurka ta amince da shi a hukumance, bayan gwaji mai tsanani. Farashi shi kaɗai ba ya nuna nagarta, tambarin kamfani ma haka. Abin da ke nunawa shi ne ko an gwada kayan da dubban harsasai, cikin ƙura da zafi da faɗuwa a kan dutse, kuma wanda ya yi gwajin ba shi ne mai sayarwa ba.

Me ya kawo wannan magana ƙasar gero da gyaɗa? Tsanyawa tana kan iyaka da Jihar Katsina, kuma a ƙarshen 2025 hare-haren 'yan bindiga sun taɓa ƙauyukanta da na Shanono. Tazarar da ke tsakanin ɗan sa-kai mai bindigar toka da ɗan ta'adda mai AK ita ce wannan akwati: ɗaya na ɗuri, ɗaya na da talatin a jere. Ba jarumta ce za ta cike wannan giɓi ba, kuma bai kamata kowa ya tura matasa su gwada ba. Sayen makami a ɓoye ma ba mafita ba ne. Dokar Makamai ta 1959 ta sa bindigogin soja cikin haramtattu, ko bindigar toka ma hukuma na iya hana riƙe ta sai da lasisi, kuma kasuwar bayan fage da mutum zai je nema ita ce dai ke ciyar da ɓarayin daji. Nauyin yana wuyan hukuma, kuma nauyin bai tsaya ga turo motoci da jami'ai ba.

Ɗan sandan da aka ajiye a bakin iyaka ɗan wani ne, mijin wata ne. Idan mai kwangila ya kawo gidajen harsashi na araha aka sa hannu ba gwaji, shi ne zai biya bashin a daren da aka kawo hari, tare da mutanen garin da ke bayansa. Muna da DICON a Kaduna tun 1964, ma'aikatar da aka kafa don ƙera wa ƙasa makamai da harsasai, don haka ba a rasa inda za a yi gwaji ko a kafa ma'auni ba. Gidan harsashi kaya ne mai ƙarewa, yana tsufa tun bindigar na da sauran ƙarfinta. A rundunonin da suka ɗauki abin da gaske, kowane gida ana rubuta masa lamba don a gane wanda ke kawo matsala. Wanda aka kama da laifi kuwa ba a mayar da shi sito. Murƙushe shi ake yi da guduma, don kada gobe ya faɗa hannun wani sabon kurtu.