Makarantar 'Ya'yan Leburori da Ta Koma Hannun Masu Hali

Ranar 23 ga Afrilu, 1919, ma'aikatan kamfanin sigari na Waldorf-Astoria da ke Stuttgart, a kudancin Jamus, suka ajiye aiki suka taru a babban zauren da ake sarrafa ganyen taba. Mai gidansu, Emil Molt, shi ya kira taron, domin malamin da yake bi, Rudolf Steiner, ya yi musu jawabi. A cikin jawabin Steiner ya taɓo inda ke musu ƙaiƙayi: ɗan lebura yakan bar makaranta tun yana ɗan shekara 14 ya faɗa masana'anta, ɗan mai hali kuwa ya zarce har jami'a. Da aka tashi, Molt ya tambayi Steiner ko zai yarda ya tsara makaranta domin 'ya'yan ma'aikatan, ya kuma jagorance ta. Steiner ya amsa. Ba a cika wata biyar ba aka yi bikin buɗewa, ranar 7 ga Satumba, da malamai 12 da yara sama da 250, waɗanda 191 daga cikinsu 'ya'yan ma'aikatan kamfanin ne.

Yau akwai makarantun Waldorf, masu bin salon wannan makaranta, kimanin 1,200 da gidajen renon yara kusan 2,000 a ƙasashe wajen 70. A Jamus kaɗai makarantun sun kai kimanin 250. Duk wanda ya san su ya san Steiner. Molt kuwa da ƙyar ake tunawa da shi. Amma wanda yake son ya gane yadda makarantar da aka gina wa leburori ta zama wurin da likitoci da injiniyoyi ke rububin kai 'ya'yansu, sai ya bi sawun kuɗin, kuma sawun kuɗin gidan Molt yake kai mutum.

An haifi Molt a 1876 a garin Schwäbisch Gmünd. Iyayensa duka sun rasu yana yaro, karatunsa bai yi nisa ba, aka sa shi koyon kasuwanci a garin Calw. Ya yi aiki a Patras ta ƙasar Girka, ya dawo gida ya shiga harkar sigari, a 1906 kuma shi da abokan hulɗarsa suka kafa Waldorf-Astoria. Sunan na wani shahararren otal ne a New York, mallakin iyalan Astor, waɗanda kakansu ya fito daga ƙauyen Walldorf na Jamus. Wato sunan da dubban iyaye ke furtawa yau cikin girmamawa, asalinsa tambarin kwalin sigari ne. Abin dariyar shi ne waɗannan makarantu sun yi suna wajen tsantseni kan abin da yaro zai ci da abin da zai shaƙa.

Me ya sa attajirin da kasuwarsa ke ci ya tsunduma cikin harkar makaranta? Dalilan sun cakuɗe, kuma ba duka ne na tsoron Allah ba. Jamus ta sha kaye a Yaƙin Duniya na Ɗaya a Nuwamban 1918, sarki ya sauka, majalisun ma'aikata da na sojoji suka ɓullo a birane. A watan da Steiner ya yi jawabin nan, 'yan gurguzu na riƙe da birnin Munich, Stuttgart kanta ba ta daɗe da fita daga yajin aikin gama-gari ba. Duk mai masana'anta da ke da hankali ya san gemun ɗan'uwansa ya kama da wuta. Molt ya zaɓi ya jawo ma'aikatansa a jiki. Tun lokacin yaƙi yake buga 'yan ƙananan littattafan adabi ana aika wa sojoji tare da sigari. Bayan yaƙi, da ganyen taba ya yi ƙaranci aiki ya ragu, sai ya ɗauko wani matashin malami, Herbert Hahn, ya riƙa koyar da ma'aikata a cikin lokutan aiki. Abin bai yi armashi yadda ya so ba. Mutumin da ya shekara da shekaru yana naɗa sigari ba kasafai yake da sauran kuzarin sauraron lacca kan tarihi ba. Daga nan Molt ya yanke cewa icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, gara a koma kan yaran.

Ɗaya dalilin kuwa aƙida ce. Molt da matarsa Berta sun daɗe suna bin koyarwar Steiner da ake kira anturoposofi, wani tafarkin ruhaniyya da ya haɗa falsafar Jamus da Kiristanci irin na masu neman ilimin ɓoye da imani da sake dawowar rai duniya. A 1919 Steiner na yaɗa ra'ayin a raba al'umma gida uku: harkar ilimi da al'adu ta ci gashin kanta, gwamnati ta tsaya kan doka da daidaiton haƙƙi, tattalin arziki kuma ya gudana bisa 'yan'uwantaka. Molt na cikin manyan masu ɗaukar nauyin wannan kira. A fagen siyasa kiran ya mutu murus cikin ɗan lokaci, domin jam'iyyu da ƙungiyoyin ƙwadago ba su karɓe shi ba. Makarantar ce kaɗai reshen da ya yi 'ya'ya.

Molt ya ware mak (kuɗin Jamus na lokacin) 100,000 daga ribar kamfanin domin fara aikin. Da aka rasa gini, ya sa hannu a aljihunsa ya sayi wani gidan shan shayi a kan tudun Uhlandshöhe kan mak 450,000, aka mayar da shi ajujuwa. Gwamnatin jihar Württemberg, wadda ministan iliminta Berthold Heymann ɗan jam'iyyar SPD ne, ta ba da izini a ƙarƙashin wata tsohuwar doka ta 1836, bisa sharaɗin cewa a ƙarshen aji uku da aji shida da aji takwas yaran su kamo takwarorinsu na makarantun gwamnati. Tsakanin waɗannan matakai malamai na da 'yancin koyarwa yadda suka ga dama. Su kansu malaman, horon mako biyu kacal Steiner ya ba su daga ƙarshen Agusta, kuma da yawansu ba su taɓa tsayawa gaban aji ba.

Abin da aka shimfiɗa a tudun nan baƙon abu ne a Jamus ta wancan zamani. Maza da mata aji ɗaya, ɗan manaja da ɗan mai share masana'anta benci ɗaya. Babu maimaita aji, babu maki a ƙananan azuzuwa. A ƙarshen shekara malami ne zai zauna ya rubuta bayanin halin kowane yaro da ci gabansa. Malami guda ke riƙe aji tun daga shekarar farko har ta takwas. Da safe akan ɗauki darasi ɗaya, a ce lissafi ko tarihi, a yi ta yinsa kusan awa biyu kullum har mako uku ko huɗu kafin a koma wani, yaran kuma su ke rubuta littafin darasinsu da hannunsu su ƙawata shi da zane. Tun daga aji ɗaya ake fara harsunan waje biyu. Yaro namiji ya koyi saƙa da allura, yarinya ta riƙe guduma da kurfi. Akwai kuma wani motsa jiki mai kama da rawa, yuritimi, inda ake kwatanta sautin magana da na kiɗa da gaɓoɓi.

To, a nan ne abin da ya ɗaukaka makarantar ya fara sauya mata fuska. Steiner ya nace tun farko cewa ƙofa a buɗe take ga kowane yaro, ba na kamfani kaɗai ba, kuma malamai ne za su gudanar da ita, ba mai kuɗi ba. Sharaɗi na biyun bai yi wa Molt daɗi ba. A shekarar farko malaman ma'aikatan kamfani ne, daga can albashinsu ke fitowa, shi kuma yana kallon makarantar tamkar wani sashe na masana'antarsa. An kai ruwa rana kafin a 1920 aka kafa ƙungiya mai zaman kanta da ta karɓi ragamar makarantar. Molt ya haƙura, ya ci gaba da biya. A ganina wannan haƙurin ya fi sayen ginin daraja, domin masu bayarwa da yawa ne, masu bayarwa su kuma janye hannu su ne 'yan kaɗan.

Rabuwar ta ceci makarantar. Hannun jarin kamfanin ya shiga wata haɗakar kasuwanci ta mabiya Steiner mai suna Der Kommende Tag, wadda ba ta yi ƙarko ba. Hauhawar farashin 1923 ta cinye darajar mak. A 1929 kamfanin Reemtsma ya haɗiye Waldorf-Astoria, aka rufe masana'antar Stuttgart. Da makarantar tana rataye a wuyan kamfanin, da tare za a binne su. Sai dai kuɗin da kamfani ya daina bayarwa dole wani ya bayar, kuma wannan wanin iyayen yara ne. Labarin makarantar ya bazu, masu ilimi da masu sukuni na Stuttgart, musamman mabiya Steiner, suka yi ta kawo 'ya'yansu. Kafin shekarun 1920 su ƙare ɗalibai sun haura dubu, 'ya'yan leburori kuma suka zama tsiraru a gidan da aka gina dominsu. Molt ya ci gaba da biya wa 'ya'yan tsofaffin ma'aikatansa kuɗin makaranta ko bayan kamfanin ya kuɓuce masa, amma aljihun mutum ɗaya ba ya tare irin wannan ambaliya.

Makarantun da suka biyo baya ma ba su da wani Molt. Ta Hamburg a 1922, ta Hague a Holan a 1923, ta Landan a 1925, ta New York a 1928, galibi iyaye da malamai ne suka haɗa kai suka kafa su, kuma iyayen da ke da lokaci da kuɗin kafa makaranta an san ko su wane ne.

Zamanin Nazi ya zo da jarrabawar da ba kowa ya fita da farar fuska ba. Malaman makarantar Stuttgart masu asalin Yahudanci sun bar aiki a 1934. An haramta ƙungiyar anturoposofi a 1935, aka kuma hana makarantun ɗaukar sababbin ɗalibai. Molt na cikin masu ganin a lallaɓa hukuma a zauna lafiya da ita domin makarantar ta tsira. Ya rasu a watan Yunin 1936, bai ga ƙarshen lallaɓar ba: an rufe makarantar a 1938, ta Dresden da ta rage aka rufe ta a 1941. A kakar 1945, 'yan watanni bayan an gama yaƙi, aka sake buɗe ta Uhlandshöhe.

Bunƙasar gaske ta zo ne daga shekarun 1970, lokacin da matsakaitan masu hali a Turai da Amurka suka fara gajiya da makarantar jarrabawa da gasa. Kundin tsarin mulkin Jamus na 1949 ya halatta makarantu masu zaman kansu, ya kuma hana su ware yara bisa dukiyar iyayensu, jihohi kuma na biyan kaso mai tsoka na kuɗin gudanarwa. Makarantun Waldorf da yawa kan daidaita kuɗin makaranta da samun iyaye. Duk da haka ba kuɗi kaɗai ke tace masu shiga ba. Uban da ya yi jami'a yana iya kwantar da hankalinsa idan ɗansa ya kai shekara bakwai bai fara karatu sosai ba, domin gidan cike yake da littattafai, kuma in abu ya ƙi akwai kuɗin malamin gida. Baƙon da ya zo ci-rani yana aikin dare ba shi da wannan sararin. Takardar sakamako mai maki yake son gani, don ita ce tsanin da ya sani. Shi ya sa labarin da jaridar New York Times ta buga a 2011, cewa ma'aikatan manyan kamfanonin kwamfuta a Kalifoniya na kai 'ya'yansu makarantar Waldorf da babu kwamfuta a ajinta, bai ba wanda ya san tarihin mamaki ba.

Akwai kuma kayan da makarantun suka gada daga Steiner waɗanda ke da nauyin ɗauka. Rabon ƙuruciya zuwa zango-zango na shekara bakwai, da ɗaukar faɗuwar haƙoran nono a matsayin alamar yaro ya isa karatu, da kasa yara gida huɗu bisa ɗabi'a, duk daga ruhaniyyarsa suka fito, ba daga gwajin masana ba. A cikin laccocinsa akwai maganganu kan jinsunan mutane da ke fifita farar fata ƙarara, har ƙungiyar makarantun Waldorf ta Jamus ta fitar da sanarwar Stuttgart a 2007 tana nesanta kanta da wariyar launin fata. An kuma sha samun ɓarkewar ƙyanda a wasu makarantun saboda yawan iyayen da ke ƙin rigakafi. Magoya baya kan ce ba a koyar da anturoposofi a aji, kuma gaskiya ne babu darasi mai wannan suna. Amma da ita ake horar da malamai, kuma ba kowane uba ake yi wa wannan bayani ba ranar da ya zo cike takarda.

Inda niyyar Molt ta fi bayyana yau, wuraren da bai taɓa zato ba ne. A Mbagathi, kusa da Nairobi, makarantar da aka buɗe a 1989 na ɗaukar yaran talakawa da tallafin masu bayarwa daga waje. A Masar, Ibrahim Abouleish, wanda ya kafa gonar SEKEM a hamada a 1977, ya gina makaranta kusa da gonakin da masana'antun domin 'ya'yan ma'aikata da na ƙauyukan kewaye, Musulmi da Kirista. A Amurka an fara shigar da salon cikin makarantun gwamnati na kyauta tun daga Milwaukee a 1991. A kowanne daga cikin ukun akwai wanda ya ɗauke wa iyaye nauyin biya: mai tallafi, ko kamfani, ko baitulmali. A Uhlandshöhe kuwa makarantar farko na nan tana aiki a kan tudun da Molt ya saya, kuma cikin waɗanda suka yi karatu a Waldorf ta Stuttgart bayan yaƙi har da Ferdinand Alexander Porsche, jikan mai kamfanin motoci, wanda ya zana motar Porsche 911.