Kwat ta Ulu: Wankinta da Ajiyarta a Gida



Ga ɗari ya kama. A nan Yamai, cikin watan Disamba da na Janairu, ma'aunin zafi yakan sauka wajen 16 da asuba, wata rana ma ƙasa da haka, ga iskar hunturu da ƙurarta. Mai gadin da ke kwana waje, da ɗan kabu-kabu, da mai shayi, da mai sammakon zuwa garka bakin kogi, kowa ya jawo kwat ɗinsa. Wanda ba shi da ita ya nufi Katako ko Wadata wajen ƴan bosho. Kwat ta ulu kuwa kuɗi gare ta, ko da ta bosho ce. In ka iya riƙonta, sai ta yi maka shekaru. In ba ka iya ba, wanki ɗaya ya isa ya kashe ta.

Ni kaina na ɗanɗana. Da albashina na farko na sayi wata baƙar kwat. Da ta yi dauɗa na haɗa ta da sauran kaya na ba mai wanki. Ya jiƙa ta da ruwan zafi, ya cuɗa, ya buga a dutse. Da ta dawo, hannunta bai kai mini wuyan hannu ba, sai ƙanena ya gaje ta. Laifina ne, don ban san abin da na saya ba.

Mene ne ulu?

Ulu gashin tumaki ne. Yawancin tumakinmu ba su da shi, amma a tsibiran kogi na jihar Tilaberi akwai irin da ake kira Kundum, masu gashin da ake saƙa. Da irin wannan gashi masaƙan Masina, a ƙasar Mali, suke yin bargunansu tun kaka da kakanni.

To, riƙe wannan da kyau: ulu ɗan'uwan gashin kanka ne. Kowane sili yana da ƴan ɓawo kamar na kifi, ido ba ya ganinsu sai da madubin likita. In ruwan zafi da sabulu mai ƙarfi suka taɓa su, sai su ɗaga. In aka cuɗa, sai su sarƙe da juna kamar ƙarangiya a ƙafar wando, ba su sake rabuwa. Shi ya sa kwat take tsukewa ta yi tauri, kuma ba maganin da zai mayar da ita yadda take.

Ka karanta kafin ka wanke

A cikin kwat, wajen wuya ko gefen aljihu, akwai ɗan ƙyalle mai rubutu. Nan karatunka zai yi maka rana. In ka ga kalmar faransanci "laine", ulu ke nan, lambar da ke kusa da ita kuma tana faɗin yawansa cikin 100. Akwai kuma ƴan zane-zane, waɗanda ƙungiyar GINETEX, da aka kafa a Paris cikin 1963, take kula da su. Ga ma'anarsu:

Baho da hannu a ciki: a wanke da hannu.
Baho da lamba 30: kada zafin ruwan ya wuce 30.
Baho da aka soke: kada a tsoma ta a ruwa sam.
Zane mai kusurwa 3 da aka soke: ban da ruwan jabel.
Da'ira: a kai ta gidan wankin zamani, inda ake wanki ba da ruwa ba.
Dutsen guga mai ɗigo 2: guga da zafi matsakaici.

In ƙyallen ya ɓace, zare sili ɗaya daga cikin ɗinki ka kai shi ga ashana. Ulu yana ƙaurin gashi, kamar ana babbakar kan rago, tokarsa kuma tana murtsukewa da yatsa. Zaren roba narkewa yake yi ya dunƙule kamar leda. Auduga kuwa ƙaurin takarda take yi.

Kulawar yau da kullum

Ulu ba ya son yawan wanki. Sau ɗaya a shekara, bayan fitar sanyi, ya isa. Abin da yake so kullum shi ne burushi da iska. In ka tuɓe, fidda abin da ke aljihu, ka kakkaɓe ta, ka share ta da burushi mai taushi daga kafaɗa zuwa ƙasa. Ka rataye ta a inuwa, kan maratayi mai faɗin kafaɗa. Kada ka sargafa ta a ƙusa, wuyan zai yi tozo. Ka riƙa sa riga daga ciki, don gumi ya tsaya a kanta.

In abu ya zuba, yi maza. Shayi ko ruwan goro, danna wurin da tsumma mai tsabta da ruwan sanyi, kana farawa daga gefe zuwa tsakiya. Dannawa na ce, ban da gogawa. In mai ne ko miya, kwashe na sama da cokali, ka barbaɗa hoda ko garin alli, ka bar shi ya kwana ya tsotse man, da safe ka share. Jini, ruwan sanyi kaɗai. Taɓo, bar shi ya bushe tukuna, burushi zai fidda shi.

Ranar wanki

In ƙyallen ya yarda da ruwa, ga yadda za ka yi:

1. Cika baho babba da ruwan randa. Kada ka ɗauki wanda ya wuni a rana.
2. Zuba sabulun ruwa na wanke gashin kai, kamar cokali 2, ka dama. Ka guji garin sabulu mai ƙarfi, da sabulun salo, da kanwa, da toka. Jabel kuwa narkar da ulu yake yi.
3. Ɓalla maɓallai, ka juya kwat ɗin ciki waje, ka tsoma ta. Ka riƙa danna ta a hankali da tafin hannu, minti 10.
4. Ɗauraye sau 2 ko 3 da ruwa mai sanyi irin na farko.
5. Kada ka murɗe. Shimfiɗa ta kan babban tawul, ka naɗe kamar tabarma, ka danna ruwan ya fita.
6. Shanya ta kwance a inuwa, kan tabarma mai tsabta, ka gyara mata kafaɗu da hannuwa. In ka rataye ta jiƙe, nauyin ruwa zai ja ta.

Ka yi haƙuri ta bushe sarai, don ulu yana iya riƙe danshi wajen kashi 30 cikin 100 na nauyinsa, hannu kuma bai ji laima ba. Wajen guga, sa farin ƙyalle mai ɗan laima tsakanin dutse da kwat. Ka ɗora, ka ɗaga. In dutsen gawayi ne, bar shi ya ɗan huce, ka kuma kula da tartsatsi.

Idan baho sokakke ne, ka tsaya ga burushi da share tabo, ko ka kai ta gidan wankin zamani. Cikin ƙirji da kafaɗun irin wannan kwat akwai shafi da ruwa ke ɓatawa. Haka alkyabba ta ulu take, kada a kai ta wajen masu bugu.

Ajiya: wata 9 cikin akwati

Sanyinmu gajere ne. Kwat ta fi daɗewa a akwati bisa ga jiki, nan kuwa abokin gabanta yake jiranta, wato asu. Mai fiffiken ba ya cin tufa. Macen tana zuba ƙwai 40 zuwa 50 cikin duhu, tsutsotsin da suka ƙyanƙyashe su ke huda kwat, kuma inda gumi ko miya ya taɓa suka fi so. Saboda haka kada ka taɓa ajiye ta da dauɗa.

Allah ya hore mana maganinsu kyauta. Zafin da ya kai 50 yana kashe ƙwai da tsutsa in ya daɗe fiye da rabin awa. Cikin watan Afrilu, lokacin da zafin Yamai yake wuce 40 a inuwa, sa busasshiyar kwat cikin baƙar leda, ka ɗaure, ka ajiye a rana daga hantsi zuwa azahar. Sannan ka fidda ta ta sha iska, ka share, ka ninke cikin tsohon zane mai tsabta, ka sa a akwatin ƙarfe mai murfi. Wasu suna haɗawa da busasshen ganyen dogon yaro. Ka ɗora akwatin kan bulo, saboda gara da laima. Mutanen Harobanda da Saga ba su manta ambaliyar 2020 ba. Cikin watan Agusta, in an sami ranar da gari ya washe, buɗe ka duba.

Sai maganar kafur, farin ƙwallon nan mai wari da ake jefawa cikin kaya. Guba ne. Yaro yakan ɗauke shi alewa ya haɗiye, warinsa kuma yana iya lalata jinin wasu jarirai har idonsu ya yi rawaya. Ƙasashen Tarayyar Turai sun hana sayar da irin na naftalin tun 2008. In akwai ƙananan yara a gidanka, bar shi. Kada kuma a lulluɓe jariri da tufar da ke warinsa.

Tambayoyi don tattaunawa a aji

1. Me ya sa ulu yake tsukewa in an cuɗa shi cikin ruwan zafi?
2. Mece ce ma'anar baho sokakke?
3. Wane aiki za ka yi wa kwat kafin ka sa ta a akwati?

Kowa ya zo aji da kwat ko rigar sanyi guda, mu karanta ƙyallenta tare. In kunne ya ji, jiki ya tsira. Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. Mu kwana lafiya.